ZAUREN GIYA DA TAKOBI: LABARIN KAKANNIN TURAWAN INGILA



Kwanan baya muna ba yara labarin yaƙin Basus, wanda Larabawan jahiliyya suka shekara arba'in suna yi a kan taguwa guda, sai wani ɗalibi, cikin masu zuwa boko da safe su zo wurinmu da la'asar, ya ce, "Malam, su Turawa ba su yi jahiliyya ba ne?" 'Yan'uwansa suka yi masa dariya, amma mu tambayar ta kwana mana a rai. Da yawa cikin samarinmu sun ɗauka Bature da agogo da littafi aka haife shi. Dattawanmu kuwa gani su ke ba abin da za a tsinta cikin labarin kakannin Nasara. To, ga abin da muka samu, kowa ya auna.

Rumawa sun mallaki tsibirin Biritaniya fiye da shekara 350, kana wajen shekara ta 410 suka janye. Sai waɗansu kabilu suka riƙa ƙetarowa cikin jiragen ruwa daga arewacin Jamus da Denmak, watau Angilawa da Saksonawa da Jutawa. Daga sunan Angilawa aka sami sunan Ingila. Ƙananan sarautu suka kakkafa, irin su Kent da Weseks da Mashiya da Notambiriya, yau a yi surukuta gobe a yi yaƙi. Matsafa ne, manyan gumakansu Woden da Tunor, har yau kuwa sunan gumakan nan ne a kan Laraba da Alhamis cikin Turanci. Addinin Kirista bai iso Kent daga Rum ba sai 597.

Mutanen nan ba su damu da birane ba. Gine-ginen dutse da Rumawa suka bari, yawancinsu suka ƙyale su suka zama kufai. Abin alfaharin sarki shi ne zaurensa. Kada mai karatu ya ɗauka irin zauren ƙofar gida ne. Wani dogon ɗaki ne na katako, da wuta a tsakiya, hayaƙi na fita ta rufi, da bencina jere a jikin bango, da karagar sarki. A wani wuri da a ke kira Yebarin, can arewa, masu tonon tarihi sun yi aiki daga 1953 zuwa 1962, suka tarar da gurabun ginshiƙan zaure mai tsawon kusan ƙafa 80. A 2022 kuma aka tono wani a Rendilsham mai tsawon mita 23 da faɗin mita 10. A nan a ke ci, a nan a ke sha, a nan a ke shawara da rabon ganima, in dare ya yi a ture bencina, mayaƙa su kwanta da makamansu a kusa da kai.

Sai wanda ya san sanyin ƙasar zai gane darajar ɗakin nan. Hunturunmu wasa ne a kan nasu. Wani malaminsu mai suna Bede, wanda ya gama littafin tarihinsa a 731, ya ba da labari cewa a 627, wajen shekarar da aka yi yaƙin Handak ke nan, Sarki Edwin na Notambiriya ya tara fadawansa don a yi shawarar barin tsafi. Ɗaya daga cikinsu ya kwatanta ran ɗan Adam da ɗan tsuntsu wanda ya shigo zaure ta ƙofa guda cikin daren sanyi, ya ratsa ɗumi da haske, ya fice ta ɗayar. Ba wanda ya san inda ya fito, ba wanda ya san inda ya nufa. In sabon addinin ya san wani abu game da wannan duhu, in ji shi, ya kamata a bi. Mu dai ba mu taɓa jin arne ya faɗi damuwarsa sarai kamar haka ba.

Zaman zauren nan ciniki ne, kowa ya san farashi. Ubangida ya ciyar, ya shayar, ya ba da takobi da doki da awarwaron zinariya, daga baya har da gona. Bara kuwa da ransa ya ke biya. Kalmar nan lord da Turawa ke girmama manyansu da ita, asalinta mai tsaron burodi, lady kuma mai kwaɓa burodi. Cikin dokokin Kent ma, sunan wanda ke ƙarƙashin wani shi ne mai cin burodinsa. Abin shansu giya ce, wadda suka fi yabo kuwa ta zuma. Uwargidan sarki ke ɗaukar ƙoƙo, ta fara miƙa wa mijinta, sa'an nan ta bi mayaƙa bisa ga girmansu. In giya ta hau, sai wani ya miƙe gaban jama'a ya yi alwashin abin da zai aikata ran yaƙi. Ba sai mun faɗi hukuncin abin da ke cikin ƙoƙon ba, kowa ya sani. Amma a lura, su a wurinsu maganar da aka yi cikin maye ba ta faɗuwa. Gari na wayewa ta zama bashi, kuma za a tuna wa mutum.

Su kan biya kuwa. Shekara guda kafin shawarar da muka ambata, Sarkin Weseks ya aiko wani mutum da wuƙa mai dafi, ya zo gaban Edwin kamar manzo. Da ya zaro wuƙar, wani bafade mai suna Lilla, ba garkuwa a hannunsa, sai ya tare da jikinsa. Wuƙar ta ratsa shi har ta yi wa sarki rauni. Lilla ya mutu, Edwin ya tashi.

Wanda ya fi wannan nauyi shi ne labarin Sarki Kinewulf na Weseks, wanda aka kashe a 786. Ya tafi wurin wata mace a wani gari da 'yan rakiya kaɗan. Wani ɗan sarauta, Kinehard, wanda aka tuɓe ɗan'uwansa daga sarauta tun da daɗewa, ya sami labari, ya zo ya kewaye ɗakin. Sarki ya tsaya bakin ƙofa yana kare kansa, da ya hango Kinehard sai ya fito ya auka masa ya yi masa rauni, aka taru aka kashe shi. Kururuwar matar ta ta da barorinsa. Kinehard ya ce zai bar su da ransu ya kuma ba su dukiya. Suka ƙi, suka yi ta faɗa har suka mutu duka, ban da mutum guda, wani Babiritane da a ke riƙe da shi jingina, shi ma ya sha rauni.

Da safe sauran rundunar sarki ta iso, ta tarar an kulle ƙofofi. Kinehard ya yi musu tayin dukiya da ƙasa, su yanka da kansu, in za su yarda ya hau gado. Ya ƙara da cewa ai akwai danginsu na jini a cikin mutanensa. Suka amsa cewa ba dangin da ya fi musu ubangidansu, kuma ba za su bi wanda ya kashe shi ba. Amma suka ce wa dangin nasu su fito lafiya. Su kuwa na ciki suka ce jiya an yi wa abokanku irin tayin nan ba su karɓa ba, mu ma ba za mu karɓa ba. Aka fasa ƙofa, aka kashe Kinehard da mutanensa 84, mutum guda ya tsira.

Jama'a, a tsaya nan kaɗan. Samari in sun ji wannan sai jininsu ya motsa, gaskiya kuma riƙon amana ne wanda ba a samunsa a kasuwa. Amma a duba kan me aka mutu. Ba wanda ya tambaya wa ke da gaskiya cikin rigimar gadon sarauta. Ɗan'uwa ya sa wa ɗan'uwansa takobi don wannan ya ci tuwon wane, wancan ya ci na wane. Malamanmu na da sunan wannan, hamiyya ce irin ta jahiliyya, ko da ta zo da kyakkyawar riga.

Su ma sun san ramuwar gayya ba ta da iyaka, shi ya sa suka yi wa jini kuɗi. Dokokin Sarki Atalbat na Kent, na wajen shekara ta 600, su ne mafi tsufa da aka rubuta cikin harshensu. Ran ɗa talaka sule 100 ne, ido guda sule 50, babban yatsa 20, haƙoran gaba huɗu kowanne sule 6. Wanda ya karanta babin diyya zai yi mamaki, gama a wurinmu ma ido guda rabin diyya ne. Inda suka saba shi ne wurin daraja: a Weseks talaka sule 200, basarake 1,200, watau basarake guda talaka shida. Wata dabarar kuma ita ce a aurar da 'yar sarki ga abokin gaba, su kan kira ta mai saƙa sulhu. Mawaƙansu da kansu sun shaida saƙar ba ta cika daɗewa ba. Ran biki wani tsoho zai hango takobin abokinsa da aka kashe rataye a ƙugun ɗan rakiyar amarya, ya raɗa wa ɗan mamacin, shi ke nan aka koma gidan jiya.

Ba zaure sai da mawaƙi. Yana da wani abin kiɗa mai tsirkiya shida, yana tsare da asalin sarki da yaƙoƙin kakanni a ka. Waƙarsu ba ta da ƙafiya. Kowane baiti an raba shi biyu, kamar sadari da ajuzu a waƙar Larabci, amma abin da ke ɗaure rabi da rabi shi ne kalmomi masu fara da harafi ɗaya. Suna son kinaya ƙwarai: sarki mai rabon zobba ne, jikin mutum ɗakin ƙashi. Wani lokaci a kan zagaya da abin kiɗan kowa ya yi tasa. Bede ya ba da labarin wani makiyayi, Kadmon, wanda in ya ga abin ya kusa zuwa kansa sai ya sulale ya koma wurin dabbobi don kunya, daga baya kuwa ya zama farkon mawaƙin addini da aka san sunansa cikin harshen. Malaman Kirista ba su so waƙoƙin dā ba. A 797 wani babbansu, Alkuwin, ya rubuta wasiƙa yana faɗa don ya ji a na sauraron labarin jaruman arna wurin cin abinci a gidan ibada. Amma irin malaman nan ne suka rubuta waƙoƙin, da ba su ba da ko baiti ba mu gani ba. Duk abin da ya saura wajen baiti 30,000 ne, yawancinsa cikin littattafai huɗu.

Babbar waƙarsu ita ce ta Bewulf, baiti 3,182. Abin mamaki, ba a Ingila labarin ya auku ba, a Denmak ne da Suwidin, wajen inda kakanni suka fito. Sarki Hurotgar ya gina zauren da ba a taɓa ganin irinsa ba, ya sa masa suna Barewa. Wani dodo, Girendal, wanda ke zaune cikin fadama, ya riƙa jin kiɗa da dariya daga duhu, abin ya ci masa rai. Mawaƙin ya ce jinin Ƙabila ne, wanda ya kashe Habila. Daren farko ya kwashe mutum 30. Shekara 12 zauren nan ba mai kwana ciki. Sai Bewulf ya ƙetaro da mutum 14, ya yi alwashi zai kama dodon hannu da hannu ba takobi, ya kuwa cika, ya fizge masa hannu tun daga kafaɗa. Uwar dodon ta zo ramuwa, ta ɗauke babban aminin sarki. A duba, ita ma dokar zauren ta bi, jini da jini. Bewulf ya bi ta har ƙarƙashin tafki ya kashe ta.

Da a nan waƙar ta tsaya, da tatsuniya ce kurum. Amma ta ci gaba. Bewulf ya koma gida, ya yi sarauta shekara 50, ya tsufa. Wani bawa da ya gudu ya saci ƙoƙon zinariya daga taskar wani macijin wuta, macijin ya tashi ya ƙone ƙasa, har da zauren sarki. Tsoho ya fita da zaɓaɓɓun mayaƙa 11. Da wuta ta yi wuta, goma suka gudu cikin kurmi, saurayi guda ya tsaya, Wigilaf. Su biyu suka kashe macijin, amma dafi ya riga ya shiga jikin Bewulf. Wigilaf ya juyo kan matsorata, ya lissafa musu sulke da kwalkwali da suka karɓa a zaure, ya ce asara aka yi. Aka ƙone gawar, aka tara tudu a bakin teku, aka binne zinariyar tare da tokar, ba wanda ya amfana. Mutanensa na kuka, sun san maƙwabta za su auko musu da zarar sun ji. Mu a ganinmu mawaƙin nan yana ƙaunar jaruman, amma bai ruɗu da su ba.

Shekaru da yawa a na tsammanin zinariyar da waƙar ke zuzutawa ƙarin gishirin maroƙa ce. Sai a 1939 wata mata mai suna Edis Piriti ta sa aka tona tuddai a gonarta a Saton Hu. Aka tarar da gurbin jirgin ruwa mai tsawon kusan ƙafa 90, katakon ya ruɓe, ƙusoshin na jere. A tsakiyarsa ga kwalkwali mai siffar fuska, ga takobi da garkuwa, ga maɗaurin ɗamara na zinariya, ga ƙahonin shan giya, ga tukunyar tagulla da sarƙar rataye ta, ga abin kiɗa, har da faifan azurfa daga Ƙusɗanɗiniyya. Watau zaure sukutum aka haɗa wa mamacin. Yawancin masana na zaton Sarki Radwal ne, wanda ya mutu wajen 625. A 2009 kuma aka tsinci wata taska a wata gona a lardin Istafod, zinariya fiye da kilo 5, galibinta adon da aka ɓamɓare daga ƙotar takubba.

Akwai wani abu a gidan kayan tarihi na Landan da ya kamata almajiran Arabiyya su sani. Sarki Offa na Mashiya, wanda ya yi mulki daga 757 zuwa 796, ya sa an buga masa dinari, aka kwaikwayi na Halifa Mansur na shekara ta 157 bayan hijira. Kalmar shahada na kai, sunan Offa kuma na tsakiya da baƙaƙen Rumawa, a kife. Waɗansu na cewa wai ya musulunta. Ba haka ba ne. Maƙerin bai iya Larabci ba, kurakuransa sun nuna, zane ya ɗauke shi. Dinarin Abbasiyawa ne ke da kwarjini a kasuwannin duniya a lokacin, shi ya sa aka kwaikwaya.

Waƙar da ta fi taɓa mu wata gajeruwa ce, inda mawaƙi ya tsaya gaban rusasshen birnin Rumawa yana tunanin waɗanda suka sha suka yi dariya a ciki. Wata kuma ta wani mayaƙi ce wanda ubangidansa ya mutu, yana yawo a teku, ya yi mafarki ya ɗora kai a gwiwarsa, ya farka ya ga tsuntsayen ruwa. Duk wanda ya karanta Imru'ul Ƙaisi ya san tsayuwa a kan kufai. Ba su san juna ba, ga shi sun yi kuka iri ɗaya. Waɗanda ba a yi wa waƙa ba su ne manoman da suka noma sha'irin giyar, da bayi. Ƙidayar da aka yi a 1086 ta nuna kusan mutum ɗaya cikin goma bawa ne, kuma daga Biristol a kan sayar da 'yan ƙasar zuwa Ailan.

A 991 'yan fashin teku daga arewa suka sauka a wani tsibiri kusa da Maldon. Hakimin Eseks, Birtnot, dattijo ne, ya zo da rundunarsa ya tsaya a gaɓa. Tsakaninsu wata siririyar hanya ce wadda ba ta fitowa sai ruwa ya janye, mutum uku sun isa su tsare ta, sun kuwa tsare. Maharan suka roƙa a bar su su haye a yi faɗan maza. Birtnot ya yarda. Mawaƙin ya ce girman zuciya ne ya yi masa yawa, masana kuwa har yau suna gardama ko zargi ne ko yabo. Waɗansu na cewa da ya hana su, da sun shiga jiragensu sun auka wa wani gari mara tsaro. Aka kashe shi. Wani baransa, Godirik, wanda ya sha karɓar kyautar dawaki a hannunsa, ya haye dokin ubangidan ya gudu, mutane suka zaci hakimi ne ya juya, sahu ya watse. 'Yan kaɗan suka tsaya, kowa ya tuna alwashin da ya yi a zaure, suka mutu kewaye da gawar. A shekarar nan Sarki Atalred ya biya maharan fam 10,000 na azurfa, a 1012 abin ya kai 48,000. A 1066 kuma barorin Sarki Harold suka mutu kewaye da shi a Hestin, Wiliyam na Nomandi ya ci ƙasar, Faransanci ya zama harshen fada.

Daga nan harshen waƙoƙin ya yi ta sauyawa har jikoki suka kasa karanta shi. Waƙar Bewulf kwafi guda tak ta saura, wanda marubuta biyu suka rubuta wajen shekara ta 1000. A 1731 gobara ta kama gidan da a ke ajiye da shi a Landan, aka riƙa jefo littattafai ta taga. Takardun waƙar Maldon suka ƙone ƙurmus, sa'a dai wani ya riga ya kwafe su 'yan shekaru kafin nan, ita ma ba farko ba ƙarshe, baiti 325. Na Bewulf ya tsira da gefensa a babbake, haruffa suka yi ta marmashewa shekara da shekaru. Wani mutumin Aisilan mai aiki a Denmak, Torkelin, shi ya sa aka kwafe shi, ya buga a 1815. Akwai kalmomin da yau ba a ganinsu sai cikin kwafinsa. Littafin na nan a babban ɗakin karatu na Biritaniya, an ɗaura wa kowace takarda gefe don kada ta ƙara zubewa.

Ɗalibinmu da ya yi tambaya, ga amsarka. Wassalam.